Wai kwamfuta gyara talabijin ta yi, ko ƙyale-ƙyale kawai ta ƙara masa?

Ɗan_Gwammaja:
Assalamu alaikum jama'ar zaure. Zan faɗi wata magana, wanda ya fi ni sani ya gyara mini. Ni dai a ganina tun da kwamfuta ta shigo harkar zane a talabijin, ba ta ƙara wa mai kallo komai ba sai ƙyale-ƙyale. Kunna labarai yanzu ka gani: tambari na wulwulawa a kusurwa, rubutu na gudu a ƙasa, wani na bin sa a ƙarƙashi, agogo a gefe, farashin dala a ɗaya gefen, shi kuma mai karanta labarin an matse shi a tsakiya. Allon ya koma kamar bayan gingimari, ko'ina rubutu. Na kalli tsofaffin labarai na shekarun 1970 da ake ɗorawa a YouTube, mutum ne da takardarsa, sunansa ya fito sau ɗaya ya ɓace, kuma duk abin da ya faɗa ya zauna maka a ka. To wai yaushe abin nan ya faro, su wa suka kawo shi? Sannan a nuna mini amfani ɗaya tak da ya yi wa mai kallo.

Sai_Masu_Gida:
Wa alaikumus salam. Amfani ɗaya kake nema? Ka shiga gidan kallo an yi minti 60 da take wasa, ka ɗaga kai sau ɗaya ka san ci nawa ne, su wa ke gaba, saura minti nawa. Da can sai ka dami na kusa da kai da tambaya, ko ka jira mai sharhi ya ga dama ya faɗa. Tashar Sky ta Ingila ce ta kafa ɗan akwatin nan a kusurwa a 1992, shekarar da aka fara Firimiya. Wani ɗan Ostireliya mai suna David Hill ne ya dage a kai, daga baya ya kai shi tashar Fox a Amurka a 1994, kuma a can ma sai da masu kallo suka yi ta ƙorafi cewa yana tare musu ido. Yau a cire shi minti biyar ka ga yadda gidan kallo zai hargitse.

MaiBuroshi:
Ɗana Ɗan Gwammaja, sunan nan da ka ga ya fito sau ɗaya ya ɓace, irin hannunmu ne ya rubuta shi. Na yi aiki a sashen zane na wani gidan talabijin a Arewa tun ina saurayi. Baƙin kwali muke yankawa daidai fasalin allo, mu rubuta suna da farin fenti, ko kuma in akwai takardar Letraset mu goga haruffan ɗaya bayan ɗaya da gindin biro har su manne. Sai a jingina kwalin a kan wani katako a situdiyo, a ware masa kyamara guda ba ta da wani aiki sai kallonsa, mai haɗa hoto a ɗakin sarrafawa ya cire baƙin ya bar farin ya hau kan hoton mutumin. Sunayen ƙarshen shiri kuwa doguwar takarda ce a naɗe jikin ganga, mutum na murzawa da hannu. In hannunsa ya yi rawa, duk gari sun gani.

A takardar Letraset harafin a ne ke fara ƙare mana, don sunayenmu cike suke da shi, sai ka ga q da x na nan jingim ba mai taɓa su. Ƙugiyar ƙ da ɗ da ɓ kuwa babu ta a takardar sam, da siririn buroshi muke ƙara ta. Kuma dalilin da ya sa sunan ke fitowa sau ɗaya ba wai tsari ba ne na kawaici, iyakar abin da hannu zai iya ke nan kafin ƙarfe bakwai. In kwamishina ya aiko da babban sakatare a madadinsa saura minti goma a shiga, da ɗanyen fenti ake kai kwalin gaban kyamara.

Ɗan_Gwammaja:
Allah ya ƙara girma Baba. To ai maganata ke nan, ƙarancin ne ya sa aka riƙa zaɓar abin da ya zama dole.

Tsohon_Injiniya:
Bari in amsa tambayar farko, ta yaushe da su wa, domin abin ba rana ɗaya ya faɗo ba.

Tamburan nan masu walƙiya da lanƙwashewa da aka cika gani a talabijin na Amurka a shekarun 1970, yawancinsu ba kwamfuta irin wadda kuka sani ta yi su ba. Wata na'ura ce mai suna Scanimate, wadda Lee Harrison ya ƙera a birnin Denver. Za a nuna wa kyamara zanen tambarin fari da baƙi, ya fito a kan wani ɗan allo na musamman, sai ma'aikaci ya riƙa murɗa maɓallai yana sauya wayoyi, yana canza ƙarfin wutar da ke jan hasken allon. Hoton ya miƙe, ya murɗe, ya yi igiyar ruwa. Wata kyamarar ta sake ɗaukar abin da ke kan allon, a zuba masa launi. Nan take ake ganin sakamako, amma in ka tashi ka dawo gobe da wuya ka maido da shi daidai yadda yake jiya.

Na rubutu kuma, a farkon shekarun 1970 ne injinan buga suna a allo suka fito, irin su Vidifont na CBS da Chyron. A Ingila Aston ya fi yawa. Ka buga suna a madannai, ya fito a ƙasan allo, ka ajiye shi ka kira shi lokacin da kake so.

Me ya hana zane na sosai zuwa da wuri? Ma'ajiya. Hoto ɗaya na irin talabijin ɗinmu, in za a mai da shi lissafi, ɗigo 720 ne a kwance, 576 a tsaye, wato ɗigo 414,720. A ma'aunin situdiyo hoto ɗayan nan ya haura kilobayit 800, kuma guda 25 ake so a kowace daƙiƙa. Kwamfutar IBM da ta fito a 1981, mafi arharta kilobayit 16 ne a cikinta. Ku auna da kanku. Shi ya sa duk wanda ya iya riƙe hoto ɗaya cikakke a cikin na'ura a lokacin, to ya riƙe kasuwa.

Ɗalibar_Samaru:
Baba injiniya, sannu da ƙoƙari. In ƙara daga ɓangaren jami'o'i, don can tushen yake. A 1963 Ivan Sutherland ya yi Sketchpad a jami'ar MIT, inda mutum ke zane kai tsaye a kan allon kwamfuta da alƙalami mai gane haske. Daga baya ya koma Jami'ar Utah, kuma ɗaliban jami'ar ne suka zama manyan harkar. Wanda ya fi tsaya mini a rai shi ne Ed Catmull. A 1972 ya yi gunkin hannunsa na hagu da farar ƙasa, ya zazzana ƙananan kusurwoyi kusan 350 a jikinsa, ya bi su ɗaya-ɗaya yana auna matsayinsu yana shigarwa cikin kwamfuta, duk don a ga hannun yana buɗewa yana rufewa a allo. Shi ne daga baya ya shugabanci Pixar, kamfanin finafinan zanen kwamfuta. Abin da yaro ke yi yau a waya da yatsa ɗaya, wani ya yi watanni a kansa yana ƙirga kusurwa.

Auta_Gusau:
Ni na ɗauka da Toy Story aka fara duk wannan.

Ɗalibar_Samaru:
A'a ƙanena, wannan 1995 ne, shi ne dogon fim na farko da aka yi gaba ɗayansa da kwamfuta, amma kafin nan talabijin ya fi shekara goma yana cin moriyar abin. Talla da tambari su suka ciyar da kamfanonin zanen kwamfuta kafin sinima ta waiwaye su sosai, saboda daƙiƙa goma ake nema ba minti casa'in ba, kuma mai talla na da kuɗin biya.

Tsohon_Injiniya:
Gaskiyarta. Misali ma, tashar Channel 4 ta Ingila da aka buɗe ran 2 ga Nuwamba 1982, tambarinta lamba 4 ce da sanduna masu launi ke tashi su haɗu. Martin Lambie-Nairn ya tsara shi a Landan, amma sai da aka kai aikin Los Angeles aka sarrafa motsin. Ita BBC kuwa har farkon 1985 duniyar nan mai juyawa da take nunawa tsakanin shirye-shirye ƙwallo ce ta gaske a cikin akwati, da madubi a bayanta da ƙaramin inji yana juya ta, kyamara na ɗauka. A Fabrairun 1985 aka maye ta da ta kwamfuta.

Amma na'urar da ta sauya fuskar talabijin da gaske ita ce Paintbox ta kamfanin Quantel, 1981. Faifai ne da alƙalami mai jin nauyin hannu: ka danna da ƙarfi fenti ya yi kauri, ka sassauta ya yi siriri. Kana iya cafko hoto daga bidiyo, ka yanke mutum, ka canza masa baya, ka sa inuwa, ka dawo da shi iska a cikin mintuna. Hoton nan da ke bayan kafaɗar mai karanta labarai, wanda da sai an wanke hoto an yanka an manna, ya koma aikin rabin awa. Kuɗinta wajen dala 250,000.

Bakatsine_a_Jidda:
Quantel ɗin nan ba na Amurka ba ne?

Tsohon_Injiniya:
Na Ingila ne, a garin Newbury. Sai dai tun 1973 Richard Shoup ya yi irin wannan manhaja ta fenti a cibiyar binciken Xerox da ke Kalifoniya, ana ce mata SuperPaint. Da Quantel ta kai Adobe ƙara kan Photoshop, aikin su Shoup na cikin abin da aka kafa hujja da shi, kuma Quantel ta faɗi shari'ar a 1997.

MaiBuroshi:
Dala dubu 250 ɗin nan da injiniya ya ambata, ku riƙe ta, don ita ce labarinmu. Shekarun da waɗannan injina ke fitowa su ne shekarun da kuɗin mai ya karye. Sai ga SAP, shirin tsuke bakin aljihu na gwamnati, a 1986, naira ta fara gangarowa. Mu a wajenmu a mujallu muke ganin hoton Paintbox. Abin da ya iso mana shi ne ƙaramin injin buga suna, kuma ranar da aka kunna shi na ga abu biyu. Na farko, aikin da ke cin mana yini ya koma na mai buga tafireta. Na biyu, babu ƙ babu ɗ babu ɓ a cikinsa, kuma ba inda zan sa buroshina in ƙara. Tun daga ranar sunayen mutanenmu da na garuruwanmu suka fara fita a allo ba ƙugiya, har ido ya saba. Ina ganin yara da yawa a talabijin suka koyi cewa ƙugiyar ba dole ba ce. Wannan ciwon har yau yana raina.

Malama_Hadiza_KD:
Baba MaiBuroshi, wallahi ka taɓo inda ke mini ƙaiƙayi, ni da ke koyar da Hausa a sakandare. Abin takaicin shi ne yanzu ba laifin na'ura ba ne. Haruffan suna cikin Unicode, tsarin haruffan kwamfuta na duniya, tun farkon shekarun 1990, wayar da ke hannuna ma tana buga su. Amma har gobe za ka ga tasha ta Hausa zalla ta rubuta kanun labari ba ƙugiya ko ɗaya. Uzurin ya tafi, ɗabi'ar ta zauna.

Sai dai Ɗan Gwammaja, ka ce a nuna maka amfani ɗaya. Ina da ƙanwa kurma. Duk abin da ta sani na labarai a talabijin, daga rubutun nan da kake kira ƙyale-ƙyale ta san shi. Mutumin nan naka mai takarda da murya mai daɗi, a wajenta baki ne kawai ke motsi. BBC ta buɗe Ceefax a 1974, shafukan rubutu da ake ɓoyewa cikin siginar talabijin, kuma ta nan ne ta fara sa wa kurame rubutun abin da ake faɗa a 1979. Amurka ta fara nata a 1980. Mu nan ba mu kai can ba har yanzu a yawancin tashoshi, don haka ɗan layin da ke gudu a ƙasa shi ne rabonta.

Ɗan_Gwammaja:
Malama, Allah ya ba ta lafiya da juriya. Wannan na karɓa, da na ƙwallo. Amma rubutu don kurma daban, tambari mai wulwulawa da walƙiya daban.

Ɗan_Maraɗi:
Salamu alaikum 'yan'uwa na Najeriya. Mu a Nijar akwai wata wahala da ku ba ku sha ba. Tsarin launi na Faransa muka gada, SECAM, ku kuma PAL. Masu akwatin da aka sayo daga Katsina ko Kano, in ba mai cin tsari da yawa ba ne, fari da baƙi suke ganin Télé Sahel. Kuma injiniya zai gaskata ni, SECAM ba ya son a haɗa hoto biyu ko a ɗora rubutu a kansa.

Wani abu kuma, kada a ɗauka hoto mai motsi sai da kwamfuta ya zo ƙasar Hausa. Marigayi Moustapha Alassane tun shekarun 1960 yake zana katun da hannu a Nijar, har ya je Kanada ya ƙaro sani wajen gwanin katun Norman McLaren. Kwaɗinsa da yake zanawa suna shugabanci sun yi suna har Turai. A Tawa ya zauna, ya rasu a 2015, kuma a ƙarshen rayuwarsa shi ma ya rungumi kwamfuta. Hannun ne ya riga na'urar.

Tsohon_Injiniya:
Haka ne malam. A SECAM launin na tafiya ne ta hanyar da ba a iya tara sigina biyu kai tsaye, shi ya sa gidaje da yawa masu wannan tsari suke aikinsu na cikin situdiyo da PAL ko da launuka a rarrabe, sai wajen fita su juya.

Tace_Fim_Zoo_Road:
Ni ta ƙasa na shigo harkar, ta bidiyon biki. Ku manyan kuna maganar injin dala dubu ɗaruruwa, mu abin da ya 'yanta mu ƙananan kaya ne. Ubangidana na da bidiyo biyu na VHS da ƙaramar mikisa ta Panasonic da wani ɗan akwatin rubutu. Ka buga sunan ango da amarya, ka zaɓi launi, rubutun ya hau kan hoton fure. Wallahi akwai wanda zai fasa ba ka aiki in ya ji ba ka da mai rubutu. Industirin finafinan Hausa ma da irin waɗannan ta tashi bayan fim ɗin Turmin Danya a 1990. Na ji ana cewa wasu sun yi amfani da Video Toaster, wadda ta karya farashi a Amurka.

Da kwamfuta ta zo mana da su Pinnacle da Ulead da Premiere kuwa, nan ne zan goyi bayan Ɗan Gwammaja. Manhaja ta zo da salon sauya hoto sama da ɗari, to sai an yi amfani da kowanne. Amarya ta naɗe ta zama ƙwallo ta tashi sama, ango ya fito daga cikin zuciya, uwar amarya ta farfashe ta zama gilashi. A fim ma haka, ana tsakiyar zancen mutuwa sai hoto ya juya kamar shafin littafi. Sai da muka yi shekaru kafin mu gane yanka kai tsaye ya fi duk waɗannan, kuma masu kallo ne suka fara gajiya kafin mu.

Tsohon_Injiniya:
Ɗan gyara kaɗan ɗana. Video Toaster ta kamfanin NewTek ta fito a ƙarshen 1990, kati ne da ake sakawa a kwamfutar Amiga 2000, kuɗinsa bai kai dala 2,500 ba, kuma ya ba ƙananan tashoshi da coci-coci da makarantu abin da da sai mai miliyoyi. Amma NTSC kaɗai yake ci, tsarin Amurka mai layi 525. Mu masu layi 625 bai yi mana aiki ba. Abin da ƙasashen PAL suka mora shi ne ita Amiga ɗin kanta, wadda ta fito a 1985. An gina ta ne a kan bugun siginar talabijin, don haka da ɗan akwatin da ke daidaita bugunta da na bidiyo sai ka ɗora rubutu da zane a kan hoto. A haɗa da manhajar Deluxe Paint ko Scala ta mutanen Norway, an gama.

Kuma ko da kayan sun samu, allon talabijin na da sharuɗɗansa da mai kwamfuta bai sani ba. Layi siriri a kwance rawa yake yi, domin hoton rabi-rabi ake zana shi, layukan mara sannan na cika. Ja mai ƙarfi zuba yake yi ya wuce iyakarsa, balle an kwafa a VHS sau biyu. Rubutun da ya matsa gefe kuwa akwatin gida ya cinye shi. Yara masu zuwa da zane mai kyau daga kwamfuta sun sha mamakin yadda yake komawa a iska.

Zango_Kumasi:
Muna biye da ku daga Gana. Mu talabijin ya zo mana a 1965, launi sai 1985, kun riga mu da kusan shekara goma tunda Jos ta fara a tsakiyar shekarun 1970. Tambayata ga su Baba: shuɗin bango da ake sa mutum a gaba a canza masa wuri, shi ma kwamfuta ne?

MaiBuroshi:
A'a ɗana, ya girme ta a talabijin. Na'ura ce kawai da aka ce mata duk inda ta ga shuɗi ta cire ta sa wani hoton. Mu muke fentin bangon ma. Matsalarsa a wajenmu shadda. Wani babban mutum ya taɓa zuwa hira cikin babbar riga shuɗiya shar, an zaunar da shi, sai ga kai da hula da hannuwa suna yawo a kan hoton da ke baya, aikin wuyan rigar ne kawai ya tsira. Ba mai iya ce masa ya tuɓe. Labule muka jawo muka rufe bangon aka yi hirar haka. Abin da kwamfuta ta ƙara shi ne abin da ake sakawa a bayan, musamman taswira. BBC ma da maganaɗisu masu hasashen yanayi ke manna gajimare a jikin allo, wani lokacin ya zame ya faɗo, har zuwa 1985 da suka koma taswirar kwamfuta.

Abu_Safwan:
An yi nisa da maganar injina, a dawo kan tambayar mai zaure, don ni ina ganin yana da gaskiya fiye da yadda ya faɗa ma. Ƙyale-ƙyale ƙaramin laifi ne. Babban shi ne abin da aka yi wa amanar ido. A 1982 mujallar National Geographic ta matso da dalar Masar biyu kusa da juna da na'ura don hoton ya shiga bangonta, aka yi ta ce-ce-ku-ce. A daren shiga shekarar 2000, CBS na watsa biki kai tsaye daga dandalin Times Square, ta shafe tambarin NBC da ke jikin wani gini ta ɗora nata, mai kallo bai sani ba. Kai tsaye fa, a shirin labarai.

Sannan ku tuna yaƙin Tekun Fasha na 1991. Waɗanda suka gan shi ta CNN, me suka fi gani? Taswira mai kyau, kibiyoyi masu launi, zanen jirage da makamai da bayanin gudunsu, da tambari na musamman da kiɗansa. An yi wa yaƙi kwalliya har ya fita tsaf ba jini. Mutanen da ke ƙarƙashin kibiyar ba su da wuri a zanen. Wannan darasin duk tashoshin duniya sun haddace shi, har namu.

Ɗalibar_Samaru:
Malam Abu Safwan, ban musa ba, amma gyaran hoto ya girmi kwamfuta. A zamanin Stalin da buroshi da wuƙa ake goge mutum daga hoto in ya faɗi a siyasa. Kwamfuta sauƙi da sauri ta ƙara.

Abu_Safwan:
Saurin ai shi ne maganar, 'yar'uwa. Abin da sai gwamnati ta tara ƙwararru ta yi a ɓoye, ya zama na kowa a cikin daƙiƙa. Kuma akwai wani abin: kwalliyar allo ta zama shaidar gaskiya a idon mutane. Yau yaro zai ɗauki jan layi ya rubuta labari da ɗumi-ɗumi, ya manna tambarin wata babbar tasha, ya saki ƙarya a WhatsApp, dattawa su yarda saboda ta zo da kayan sarki. Shekara arba'in talabijin na koya mana cewa mai wannan zanen shi ne mai gaskiya.

Sai_Masu_Gida:
To ai layin satar gida da ake ja a VAR shi ma zanen kwamfuta ne, kuma gaskiya yake fitarwa.

Bakatsine_a_Jidda:
Wannan kam kada mu buɗe shi a nan, sai mu kwana.

Ɗan_Gwammaja:
Malam Abu Safwan ya faɗi abin da na kasa tsarawa. Ina nan kan bakata game da layin da ke gudu ba tsayawa. Baba injiniya, shi kuma yaushe ya zama dole?

Tsohon_Injiniya:
Tashoshin kasuwanci da na wasanni sun daɗe da shi don farashin hannun jari da sakamako. A labarai kuwa ranar 11 ga Satumba 2001 ne Fox da CNN da MSNBC suka sa shi saboda bayanai sun yi yawa baki ɗaya ba zai ɗauka ba. Abin ya lafa, ba wanda ya yarda ya fara cirewa, sauran duniya ta kwaikwaya. Don haka wannan ba injin ne ya tilasta ba, injin na iya yi tun tuni. Gasa ce. Mu ma nan sai bayan dokar 1992 da ta ba 'yan kasuwa damar buɗe tasha, su Channels da AIT suka fito, sannan kowa ya shiga rigen kwalliyar allo, har gidajen gwamnati suka bi.

Malama_Hadiza_KD:
Duk da haka kada a cire, a dai rage gudunsa a kuma rubuta shi da Hausa mai kyau. Ƙanwata takan ce kafin ta kai ƙarshen jimla farkon ya wuce.

Baba MaiBuroshi, wata tambaya: kwalayen nan naku akwai sauransu? Ina so in nuna wa ɗalibaina yadda ake sa ƙugiya da hannu.

MaiBuroshi:
'Yata, yawancinsu an kwashe an ƙone lokacin da aka mai da ɗakin zanen ofis. Da ma mukan shafe kwali da baƙin fenti mu sake rubutu a kai saboda tsada, kamar yadda ake shafe kaset a ɗauki sabon shiri. Ina da 'yan kaɗan a akwati, da ragowar takardar Letraset, da kaset biyu na U-matic da ban san ko suna da rai ba. Zan sa jikana ya ɗauki hoton kwalayen ya turo nan zaure.

Tsohon_Injiniya:
Abokina, kaset ɗin nan kada ka bari kowa ya cusa su a inji haka kawai. Ka fara leƙa ta tagar ka ga ko akwai farin fumfuna a jikin zaren. In akwai, ko ka ji suna wari, to zaren na iya mannewa ya bare a kan injin, a rasa duka. Ka ajiye su a tsaye, nesa da rana da danshi, kada a kai su kusa da lasifika. Ɗanmu na Zoo Road, ka bincika mana a cikin tsofaffin masu gyara ko akwai mai injin U-matic da ke tashi, sai a haɗa shi da kwamfuta a kwashe tun a kunnawar farko.

Tace_Fim_Zoo_Road:
To Baba, zan tambaya gobe in sha Allahu. Katin kwashe bidiyo ina da shi, injin ne aikin. Baba MaiBuroshi a duba mana jikin kaset ɗin, ƙanana ne ko manya, don ba kowane inji ke cin manyan ba.